Hoton Ƙarshe a Kyamarar Nortey

Matilda ce ta fara ganinsa. Ta zo share shagon mijinta da hantsi, ta tarar da ƙofa a buɗe, kofin koko a kife a bakin labulen ɗakin ciki. Ta ɗaga labulen, sai ga mijin nata, Nortey mai hoto, a miƙe a ƙasa, ƙeyarsa a fashe a jikin kusurwar tebur, kyamararsa a yashe kusa da ƙafarsa. Ihun da ta yi, har masu jiran burodi a bakin titin Nyohini, unguwarsu a Tamale, sai da suka bar layi suka sheƙo.

Shekarar tamanin da uku ce, shekarar da wuta ta cinye gonaki, ruwa ya ƙi sauka, mutane suka koma cin masarar agaji mai launin rawaya. Babu kananzir, babu ashana, lantarki kuwa sai labarinsa. 'Yan sanda biyu suka zo a ƙafa don babu man mota, suka tarar rabin unguwa ta riga ta tattake ɗakin. Suka ce santsi ne ya kwashe shi a cikin duhu. Aka binne Nortey a maƙabartar Kiristoci, Matilda ta kulle kyamarar a akwatin kayanta, aka ce shi ke nan.

Ashe ba shi ke nan ba ne. Akwai fim mai kala a cikin kyamarar, na wani biki da ya ɗauka, irin wanda sai an kai Kumasi ake wankewa. Matilda ta ba wani direba ya kai. Bayan mako biyar hotuna suka dawo, ta zauna a gaban shago tana rarraba wa masu biki, sai hoto na ƙarshe ya faɗo.

Mma Ayisha mai koko ce, tsaye a bakin labulen ɗakin da Nortey ya mutu, kofi a hannu, baki a buɗe. Idanunta biyu kuwa jawur, kamar an sa garwashi a cikinsu.

Kafin azahar hoton ya zagaye Nyohini. Mata suna rufe wa 'ya'yansu ido suna kallo su da kansu. Aka tuna cewa ta yi rantsuwa ba ta shiga shagon ba ran nan, ta ce a bakin ƙofa ta ajiye kofin. Aka tuna mijinta ya mutu, ɗanta ya mutu. Aka tuna, kuma wannan ya fi komai muni, cewa yayarta Adisa ma an taɓa korarta da sunan maita. Tica Frederick, sakataren kwamitin unguwa, wanda mabuɗin ɗakin ajiyar masarar agaji ke hannunsa, ya tsaya a kan benci, hannunsa na hagu a rataye cikin ƙyalle tun faɗuwar da aka ce ya yi daga keke, ya ce cikin Hausarsa ta kasuwa:

"Ni Kirista ne, ban yarda da irin wannan ba da. Amma kyamara ba ya ƙarya. Abokina ya ɗauki abin da ya kashe shi."

Da yamma mai unguwa Andani ya yanke magana: ranar Juma'a za a kai Ayisha ƙauyen nan na arewa inda ake zubar da matan da aka kora. Sannan ya aika a kira masa Imoru.

*

Imoru, wanda ake kira Mba, wato baba da Dagbanci, mai bin sawu ne. Tsoho ne siriri, kansa kullum a sunkuye, ba don kunya ba, don ƙasa yake karantawa. In aka sace saniya a Gbalahi, shi ake kira, ya bi ta har mahauta ya nuna fatarta. Bai taɓa rasa sawu ba, kuma wannan ne abin da ya hana shi barci mai daɗi shekara talatin. Domin shi ne ya bi sawun Adisa lokacin da ta gudu. Ya same ta a gindin wata kaɗanya a bayan Gumani, ta miƙa masa hannayenta biyu, ya sa ta a gaba ya kawo ta. Ta mutu a can ƙauyen kafin damina biyu. Har yau, wani lokaci in yana tafiya, sai ya ga sawunta a gabansa, ƙafar hagu ta ɗan karkace waje, a kan ƙasar da ya san babu wanda ya taka.

Andani ya ce, "Mba Imoru, ba wani aiki ba ne. In ta gudu kafin Juma'a, ka san abin yi."

"A ba ni hoton in gani."

Aka ba shi. Kowa idanun yake kallo, shi bai ko tsaya a kansu ba. Ya matsa bakin zaure inda haske yake, ya ƙura wa bangon da ke bayanta ido, ya daɗe.

"Yau Talata. Ka bar min hoton nan zuwa Alhamis."

"Me za ka bi a jikin takarda? Ƙasar ma an tattake ta tun tuni."

"Inuwarta nake so in duba," in ji Imoru, ya sa hoton a aljihu.

*

Ya tarar da Ayisha zaune a ƙofar ɗakinta, tukunyar kokon a kife, babu wanda ya saya tun safe. Ya gaishe ta da Dagbanci, ba ta amsa ba.

"Kai suka turo? To ai sun iya zaɓe."

"Mma Ayisha, me ya sa kika ce ba ki shiga ba?"

"In ce na shiga, ni ƙanwar Adisa? Kai fa tsoho ne, Imoru, kada ka yi min tambayar yara."

Ya tsuguna. Can dai ta yi magana, tana kallon tukunya. Ta ce kullum bayan asuba, da an ɗage dokar hana fita, Nortey yakan zo shago ya wanke hotuna tun ruwa na da sanyi, ita kuma ta kai masa koko. Ran nan ta yi sallama babu amsa, amma tana jin motsi a ciki, da wani ɗan kuka siriri irin na sauro. Ta ɗaga labule.

"Sai wani farin haske ya buge ni a ido. Wallahi na ɗauka mala'ikan mutuwa ne. Ban ga komai ba, sai kore-kore. Na saki kofi na gudu ina lalube. Da na ji ya mutu, na ce a raina ko dai ransa na gani yana fita." Ta ɗago ta dube shi. "Da na ga hoton nan kuwa, ni kaina sai da na tsorata. Na ce ko akwai abin a jikina ban sani ba? Ko Adisa ma haka ta kwana tana tambayar kanta?"

Imoru ya tashi, gwiwoyinsa na ƙara.

*

Matilda ta karɓe shi a ɗakinta, tana cikin baƙaƙen kaya. Bango cike da hotunan da mijinta ya ɗauka. Imoru ya bi su ɗaya bayan ɗaya, hancinsa kusan yana taɓa gilashi. A kowane hoto, inuwar mutum tana kwance a gefe guda, ta dama, ta yi ƙasa.

"Madam, nuna min abin nan mai walƙiya."

Ta buɗe akwati ta fito da kyamarar. A samanta an maƙala wani ɗan baƙin akwati, bai fi kwalin sigari ba. Filashi ke nan, irin mai araha, na batir biyu. Matilda ta tsaya tana kallonsa, ta ɗaure fuska.

"Haka na tsince shi ran nan. Ban lura ba sai yanzu. Mba Imoru, Nortey ba ya sa wuta a kan kyamara. Sam! Ya ce aikin malalata ne."

To, wannan kowa a Nyohini ya sani, sai dai babu wanda ya tuna. Nortey yakan haɗa filashin da wata igiya mai lanƙwasa, ya riƙe kyamara da dama, ya ɗaga filashin can sama da hagu kamar mai kiran mota. Yara har kwaikwayonsa suke yi a hanya. Yakan ce hasken da ya zo daga gefe shi ke fito da fuskar mutum, wanda ya zo daga gaba kuwa shafe ta yake yi.

Imoru ya fito da hoton Ayisha ya ajiye kusa da sauran. Inuwarta ba ta kwanta a gefe ba. Tana manne a bayanta, ta zagaye ta kamar an bi ta da gawayi.

"Ba mijinki ya ɗauki wannan ba."

Matilda ta zauna a bakin gado ba ta shirya ba.

Ya tambaye ta kukan sauron da Ayisha ta ji. Ta ce kukan filashin ne in yana tara wuta. Ta ce batir ya yi wuya, har Nortey ba ya barinsu a ciki. Yakan ƙulle su a cikin safa ya sa a aljihun ƙirji, wai ɗumin jiki yana ƙara musu rai. Kuma akwai wani ɗan maɓalli a bayan filashin da ake dannawa ya haska shi kaɗai, amma ya mutu tun bara, yanzu ba ya haskawa sai an danna kyamara.

"Wa ya san zancen safa?"

"Ni. Da Ɗankande mai hoto na kasuwa, don ya sha yi masa dariya a kai. Da Tica Frederick, shi ke zuwa koyon hoto ran Lahadi bayan coci."

"Hoto nawa Kumasi suka aiko?"

"Talatin da ɗaya. Sun ce biyar sun lalace."

"Ba ni dodon."

Ta ba shi dogon zirin fim ɗin, wanda ake kira dodo. Ya fita tsakar gida ya ɗaga shi ga rana, ya runtse ido ɗaya. Biyar ɗin da aka ce sun lalace suna jere ne daf da na Ayisha. Na farko kantar shago ce da kwalaye. Na biyu kantar ƙasa ce. Na uku akwatin ambulan a buɗe. Na huɗu ƙarƙashin tebur. Na biyar kuwa ƙasa ce, da gefen wani abu dogo a kwance, wanda Imoru bai nuna wa Matilda ba.

Wannan ai sawu ne, mutum na tafiya a cikin duhu yana neman wani abu. Ba shi da tocila, ba shi da ashana, ɗakin ba shi da taga. Sai ya zare batir daga ƙirjin gawa, ya mai da filashi fitila, yana dannawa yana dubawa, yana tsallake abokin maganarsa a ƙasa.

Kafin ya mayar da kyamarar, ya juya filashin a hannunsa, ya shafa murfin batir da babban yatsa. Ya sake shafawa. Sannan ya koma gaban bango, ya tsaya a kan wani hoto na baƙi da fari: wata jaririya cikin farar riga, a hannun Matilda.

"Hagar ke nan, 'yar Tica, ran baftisma," in ji Matilda. "A ɗakinsu aka ɗauka. Ni ce uwarta ta baftisma, shi ya sa Nortey ya kawo min ya rataye da kansa, kwana uku kafin ya mutu."

"Zan ara shi ma," in ji Imoru.

*

Laraba da safe ya shiga kasuwa. Duk wanda aka tambaya wa ke sa filashi a kan kyamara, zai ce Ɗankande. Bakano ne ɗan zango, mai surutu, shi da Nortey sun yi shekaru suna hararar juna a kan masu biki. An ma ji shi ya taɓa cewa sai ya karya wannan hannun da ake ɗagawa sama.

"Na faɗa!" in ji Ɗankande. "Na faɗa, Baba, kuma a gaban mutane. To sai me? Ran da ya mutu ina Yendi, mota ta mace mana kwana biyu, mu goma sha takwas muna cin ɗanyar gyaɗa. Je ka tasha ka tambaya."

Imoru ya riga ya tambaya tun kafin ya zo. Ya ajiye masa hoton Ayisha a kan tebur.

Ɗankande ya duba, ya kwashe da dariya, sannan dariyar ta yanke.

"Wai a kan wannan za su kore ta? Innalillahi! Baba, wannan ai ba komai ba ne. In wuta tana daf da idon kyamara, mutum kuma yana cikin duhu ya kalle ka kai tsaye, hasken shiga yake cikin ido ya dawo da launin jini. Ba ka taɓa haska akuya da tocila ba?"

"Ka san haka, ka yi shiru tun jiya?"

Ya sosa ƙeya. "In na faɗa, sai a ce hotunana ne ke mai da mutane mayu. Wa zai sake zuwa? Nakan shafe jan da baƙin biro kafin in bayar." Ya jawo wani tsohon gwangwanin biskit daga ƙarƙashin tebur. "Waɗanda ban kai ga shafewa ba suna nan."

Imoru ya tona gwangwanin a hankali. Amare, sojoji, wani limami. Da ya kai kan wani hoto, gefen bakinsa ya motsa. Ya ɗauke shi, ya ce wa Ɗankande gobe da la'asar ya zo zauren mai unguwa, in ba haka ba zai biyo sawunsa.

Daga nan ya hau tsohon kekensa ya nufi Gumani wurin Fuseini mai ɗori. Suka gaisa doguwar gaisuwa, aka tambayi gida da yunwa, sannan Imoru ya kawo zancen hannun Tica Frederick.

"Tican Nyohini? Ni na ɗaure shi. Ya ce keke ne." Fuseini ya tofar da goro. "Mba Imoru, shekara arba'in ina ɗori. Wanda ya faɗo daga keke yana zuwa da tafin hannu a ƙuje, da gwiwa a fashe. Wannan fatarsa sumul. Wani nauyi ne ya faɗa a kan wuyan hannun. Amma tun da bai faɗa min ba, ni ma ban tambaye shi ba."

A hanyar dawowa, daidai kwanar da ke zuwa kaɗanyar nan, Imoru ya sake ganin sawun, ƙafar hagu a karkace. Ya kau da kai ya taka keke da ƙarfi.

*

Alhamis da la'asar zauren Andani ya cika, wasu na leƙe ta taga. Ga Matilda, ga Ɗankande yana zufa, ga Tica Frederick da littafin kwamiti a cinya. Ayisha ce kaɗai ba a kira ba, don babu mai son haɗa ido da ita.

Imoru bai yi dogon bayani ba. Ya miƙa wa Andani hoton da ya ɗauko a gwangwani.

"Mai unguwa, wane ne wannan?"

Andani ya kai shi kusa da fuska. Shi ne da kansa, ran Sallar bara, cikin babbar riga, idanunsa jawur fiye da na Ayisha. Hoton ya bi hannu-hannu, can wata tsohuwa a bakin taga ta ce, "To, Juma'ar nan mota ɗaya za ta ishe su kuwa?" Aka yi 'yar dariya ta tsoro.

Ɗankande ya tashi ya faɗi abin da ya faɗa a kasuwa. Matilda ta faɗi yadda mijinta ke riƙe wuta. Imoru ya nuna inuwa, ya ɗaga dodon ga hasken ƙofa, ya ƙirga musu hotuna biyar na mai lalube. Nan da nan idanu suka koma kan Ɗankande.

"Shi ne mai sawa a sama!" in ji wani.

"Yana Yendi," in ji Imoru. "Kuma ni ba wanda ya saba sawa a sama nake nema ba. Wanda aka koya wa riƙewa a gefe nake nema, amma ran nan ya kasa." Ya zare filashin daga kyamara, ya ajiye shi a kan tabarma tare da batir biyu. "Ɗankande, sa musu batir."

Ɗankande ya riƙe da hagu, ya ture murfin da babban yatsan dama, ya zura, ya rufe. Ko numfashi biyu ba a yi ba. Imoru ya fitar da su, ya tura wa Matilda, ita ma ta yi haka. Sannan ya tura gaban Frederick.

"Tica."

"Mba Imoru, ka ga hannuna."

"Na gani. Yi yadda za ka iya."

Frederick ya ɗauka da dama. Ya gwada ture murfin da yatsa, murfin mai tauri ne, abin ya zame. Ya matse shi a gwiwa, ya sake zamewa. Zauren na kallonsa. Hannunsa ya ɗago filashin ya nufi bakinsa da shi, sai ya tsaya cak, abin na daf da leɓensa.

"Ƙarasa mana," in ji Imoru a hankali. "Gurbin yana nan yana jiranka."

Ya karɓa ya miƙa wa Andani, ya ɗora masa yatsa a kan murfin. Shaidar haƙora ce a jikin robar, biyu a sama, da 'yar tazara a tsakaninsu. Duk wanda ya taɓa ganin Tica ya yi murmushi ya san wushiryarsa.

"Mai hannu biyu ba ya buɗe wannan da haƙori," in ji Imoru. "Kuma mai hannu ɗaya ba zai riƙe kyamara ya riƙe wuta a gefe ba. Dole ya ɗora ta a sama. Abin da kake nema ga shi, Tica. Ba ya cikin kwalaye."

Ya fito da hoton baftisma. Jaririya dai jaririya ce, Matilda na murmushi. Amma a bayansu akwai labule, kuma hasken Nortey, da yake daga gefe ya zo, ya kutsa ta bakin labulen ya shiga lungu. Buhuna ne a jibge har rufi, da tambarin agaji a jikinsu. Imoru ya juya firam ɗin ya ɓalle bayansa, dodon hoton ya faɗo a kan tabarma.

Frederick bai yi musu ba. Ya zauna yana kallon dodon, ya yi magana kamar mai magana da kansa. Ya ce Nortey ya ba shi mako guda ya mayar da masarar. Ya ce ya je roƙo ne kawai, suka kama kokawa a cikin duhu, suka faɗi tare, Nortey a kan hannunsa, kansa a kan tebur.

"Ban yi niyya ba. Yara huɗu gare ni, kun san yadda ake ciki. Amma kowane walƙiya sai na gan shi, idonsa a buɗe. Har yanzu in na rufe ido ina ganinsa."

"Mma Ayisha fa?" in ji Matilda. "Shi ma ba ka yi niyya ba? Ka hau benci!"

Samari suka yunƙuro, Andani ya daka musu tsawa, ya ce a kai shi wurin hukuma da ransa da lafiyarsa. Sannan, ba tare da ya dubi kowa ba, ya ce a je a kira Ayisha.

Wanda aka aika ya dawo da gudu. Ɗakin a buɗe yake, tabarma a naɗe, babu ita babu ƙullin kayanta. Tun da ta ga unguwa ta taru a zaure, ta ɗauka zancen tafiyarta ake ƙullawa.

Kowa ya juyo ya dubi Imoru.

*

Sawun bai yi wuyar bi ba: silifa da aka ɗinke da waya, dunduniyar dama ta cinye. Ya bi ta bayan masallaci, ya tsallake titi, ya bar gari. Da ya ga inda ya nufa, sai ya gane hanyar. Ya bi ta sau ɗaya yana saurayi mai alfahari da idonsa. Gonaki duk baƙi ƙirin da toka, babu ko tsuntsu. A gefen sawun Ayisha, yana ganin ɗayan, ƙafar hagu a karkace, suna tafiya tare. Wannan karon bai kau da kai ba.

Kaɗanyar tana nan, wuta ta ƙone mata gefe ɗaya. Ayisha na zaune a gindinta, ƙullin kaya a gefe, rana ta yi ja. Da ta hango shi ba ta yunƙura ba. Ta jira ya iso, ta miƙa masa hannayenta biyu a haɗe.

Imoru ya tsuguna a gabanta, irin tsugunon da ake yi wa manya, tsoho da furfurarsa, ya faɗa mata komai: igiya, da batir, da haƙoran Tica, da buhunan masara. Ya nuna mata Andani da jajayen idanu. Ta daɗe tana kallon hoton. Ba ta yi dariya ba.

"Wato ba komai a jikina."

"Babu komai, Mma. Wuta ce ta batir biyu."

"Adisa fa? Ita ko hoto babu. Mafarkin wani ne kawai."

"Na sani."

"Ka makara da shekara talatin, Imoru."

"Na sani," ya sake cewa, hawaye na bin gemunsa, bai share ba.

Ta sauke hannayenta. Ta yunƙura ta tashi da ƙyar, ta ɗauki ƙullin ta ɗora masa a ka, kamar yadda ake ɗora wa ɗan dako. Shi kuwa ya ja gefe ya ba ta hanya, yadda ya saba in ya kamo abin da ya biyo.

"A'a," in ji ta. "Ran nan ita ka sa a gaba. Yau kai za ka wuce, ni in bi ka."

Ya wuce. Suka kama hanyar Tamale, kansa ɗauke da kaya, dole ya miƙe wuya, bai iya kallon ƙasa ba. Yana jin silifarta a bayansa, fat, fat, fat. Da suka ɗan yi nisa da kaɗanyar, sai ya ji kamar takun ya zama na mutum biyu, ɗayan ba takalmi, yana ɗan jan ƙafar hagu.

Bai waiwaya ba. Ya dai rage sauri, don kada ya bar kowa a baya.